Kun sasanta rigimar kwangila? Ga yadda ake janye ɗaukaka ƙara ba tare da an tashi ba tsuntsu ba tarko ba

Akwai maganar da nake yawan ji a bakin mutanen da shari'a ta gajiyar, wai ai mun riga mun sasanta, Barista ya je ya janye kawai kowa ya huta. Kuma wallahi na fahimci gajiyar, mutum ya kwashe shekaru yana zirga-zirgar kotu kan kwangilar da ta lalace, an yi hukunci, an ɗaukaka ƙara, ana ta ɗage zama, kuɗin lauya na ta tafiya, sai ga shi an samu masu shiga tsakani ko ku da kanku kun zauna kun ga gara a yi ta ta ƙare. Sulhu alheri ne, babu mai musun wannan. Amma ita janyewar ƙofa ce da in ka ja ta ka rufe toh makullin ba ya hannunka kuma, shi ya sa nake so a bi abin a hankali.

Abin ya faru da wani yayana a gaban idona. Ya kai wa wani kamfani bututun ruwa, suka karɓa suka yi aiki da shi, da aka zo biya suka ce wai ba irin wanda aka rubuta a kwangila ba ne. Ya kai ƙara ya faɗi a kotun farko, lauyansa ya ɗaukaka ƙara kuma yana ganin akwai ƙwararan dalilai. Ana cikin haka manajan kamfanin ya kira shi a waya yace ka janye mu biya ka kashi biyu cikin uku kafin wata ya ƙare. Yaya ya kira lauya yace Barista mutanen nan sun yi mun alkawari, ka janye. Lauyan yace ranka ya daɗe a rubuce suka ba ka? Yace a'a amma mutumin nan ba zai yi mun ƙarya ba. Ya matsa sai da aka janye. Wata ya ƙare, wani ya bi, aka canja manajan, wanda ya zo yace shi bai ga wata takarda ba a fayil. Ban manta daren da na same shi zaune da takardar janyewar a kan gwiwarsa, shafi ɗaya tal da hatimin kotu a kusurwa, yana ta jan allon waya sama da ƙasa yana neman ko akwai saƙon da aka ambaci adadin kuɗin, abin da ya samu kawai "mun gode da fahimta". Nace Yaya babu wani? Ya girgiza kai kawai.

Abu biyu da sai ka gane su kafin komai

Na farko, janye ɗaukaka ƙara ba ya goge hukuncin da kotun ƙasa, wato kotun farko, ta yi. Hukuncin yana nan daram, hasali ma janyewar tana ƙara masa ƙarfi ne tunda yanzu babu mai ƙalubalantarsa. Kaga in kai ne aka ce ka biya, kuka sasanta a kan rabi, ka biya rabin ka janye, amma ba a rubuta komai game da hukuncin ba, toh a idon kotu har gobe ana binka cikon, an kashe maciji ba a sare kansa ba kenan. Ko shi mutumin bai tayar da maganar ba magadansa ko sabbin shugabannin kamfanin za su iya tayarwa.

Na biyu, a mafi yawan tsare-tsaren shari'a janyewa ba ta da komawa. A Najeriya Dokokin Kotun Ɗaukaka Ƙara na 2021 a Oda ta 11 sun ce ƙarar da aka janye, ko da umarnin kotu ko ba da shi ba, ana ɗaukarta tamkar an kore ta. Lauyoyi suna bambanta ƙarar da aka cire daga jeri da wadda aka kora, ta farko ana iya roƙo a dawo da ita, ta biyu kam bakin alƙalami ya bushe. Ko da ba wannan ƙa'idar ma wa'adin ɗaukaka ƙara gajere ne, wata 3 a hukuncin ƙarshe, kwana 14 a hukuncin tsaka-tsaki, wato wanda aka yi ana cikin shari'a kafin a kai ƙarshe, kuma lokacin da za ku zo sulhu ya daɗe da wucewa.

Zan fi jingina da tsarin Najeriya a misalai, in taɓo Amurka da Ingila inda ya dace, amma ƙashin bayan maganar ɗaya ne kusan ko'ina.

Mataki na 1: agogon kotu bai tsaya don kuna tattaunawa ba

Wannan gajere ne amma mutane na faɗawa ciki. Kuna zaman sulhu, kowa ya saki jiki, kwanakin da doka ta ɗiba kuwa suna ta tafiya. A Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Najeriya rajistaran kotun ƙasa yana da kwana 60 ya haɗa kundin shari'ar ya tura sama, in ya gaza mai ɗaukaka ƙara yana da ƙarin kwana 30 ya haɗa da kansa, sannan yana da kwana 45 ya shigar da rubutacciyar hujjarsa, ɗaya ɓangaren kwana 30. In ka yi sake ba ka shigar ba ɗaya ɓangaren zai iya neman a kori ƙarar saboda ba ka bin ta, shikenan abin da kake riƙe da shi a teburin sulhu ya suɓuce tun ba a gama magana ba. Don haka ko dai lauyanka ya ci gaba da shigar da takardunsa kamar ba a sulhu, ko ya tashi a gaban kotu ya sanar cewa ana tattaunawa a ba da rana don kawo rahoton sulhu. Kotuna suna son sulhu, ba kasafai suke hana irin wannan ɗagewar ba, ita kanta Kotun Ɗaukaka Ƙarar tana da tsarin sasanci na cikin gida da za a iya tura ƙara can.

Sannan ka tuna ɗaukaka ƙara shi kaɗai ba ya dakatar da zartar da hukunci sai an nemi umarni na musamman an samu. In babu wannan umarnin toh ku fara da rubuta cewa babu wanda zai taɓa dukiyar wani har a gama tattaunawa.

Mataki na 2: a rubuta sharuɗɗan sulhun, kuma a rubuta su da kyau

Nan ne aikin yake, kuma nan nake so ka ɓata lokaci ko da ɗaya ɓangaren na ta azalzalarka. Takardar ta fara da cikakken sunan kowa yadda yake a takardun kotu, da lambar ƙarar ta ƙasa da lambar ɗaukaka ƙarar da ranar da aka yi hukunci, don kar gobe wani yace ai wata kwangilar ce daban aka sasanta.

Sai kuɗi. Nawa ne, da wane irin kuɗi, cikin wane asusu, a wace rana. A rubuta rana da wata da shekara, kar ka yarda da "nan ba da jimawa ba" ko "da zarar kamfani ya samu kuɗi", wannan ba wa'adi ba ne. In kashi-kashi za a biya kowane kashi da adadinsa da ranarsa. A faɗi ko adadin ya haɗa da kuɗin ruwan da kotu ta ɗora a kan hukunci da kuɗin ɗawainiyar shari'a, ko kuwa an yafe su, domin sau da yawa hukuncin yana cewa a biya kaza tare da kashi kaza cikin ɗari duk shekara har ranar da aka gama biya, kuma bayan shekaru wannan ƙarin yakan zama wani babban abu shi kansa. Haka in akwai harajin da za a cire kafin a biya ka a faɗa tun yanzu, ka san abin da zai shigo hannunka. In kuma sulhun ba na kuɗi ba ne zalla, misali za a ƙarasa ginin, ko a canja kayan da aka kawo, ko a mayar da injin, toh a siffanta aikin filla-filla da wanda zai duba yace ya yi.

Sai maganar hukuncin ƙasa, wadda ita ce aka fi mantawa. In kai ne mai biya, ka tabbata akwai layin da yake cewa da zarar an gama biyan adadin sulhu mai hukunci, wato wanda ya ci shari'ar, ya yarda an sauke hukuncin gaba ɗaya, ba zai zartar da shi ba, shi ko magadansa ko duk wanda ya tsaya a madadinsa. In kai ne ake biya, kai ma kana da naka layin: in aka saɓa kashi ɗaya aka wuce kwana kaza bayan an tunatar a rubuce, duk ragowar ya zama abin biya nan take, ko ma a koma kan cikakken adadin hukuncin a cire abin da aka riga aka biya. Wannan layin shi ke sa mai biya ya riƙa tuna ranar biya, kuma a ganina duk wanda ya yi rangwame a kan hukuncin da ya ci bai kamata ya sa hannu ba sai da shi.

Akwai yafe wa juna. A faɗi ƙarara abin da aka yafe, wannan kwangilar kaɗai ko duk wata mu'amala da ke tsakaninku. Ka kula sosai in kuna da wasu harkokin da ba a rufe lissafinsu ba, kar a zo da jimla mai faɗi ta "duk wani haƙƙi ko wane iri" ka sa hannu ka yafe bashin da ba shi ake magana ba.

Sai kuɗin shari'a. Yawanci ana rubuta kowa ya ɗauki nasa, amma sai an rubuta ɗin, in aka yi shiru ƙa'idar da aka saba ita ce wanda ya janye shi ake ɗora wa. A Ingila haka tsarin yake a bayyane, mai janyewa zai biya ɗawainiyar ɗaya ɓangaren sai dai in ɗayan ya sa hannu ya yarda a kori ƙarar ba tare da biyan komai ba. A kotunan tarayyar Amurka kuwa ƙa'ida ta 42 ta dokokin ɗaukaka ƙara tana buƙatar yarjejeniyar janyewar da kanta ta faɗi yadda za a biya kuɗin ɗawainiya kafin magatakarda ya rufe ƙarar.

Kar a manta da ɗaya ɓangaren in shi ma ya ɗaukaka tasa ƙarar a kan wani yanki na hukuncin, misali yana ganin diyyar da aka ba shi ta yi kaɗan. Wannan ƙara ce mai zaman kanta, janye taka ba ya kashe ta, sai ka wayi gari ka ajiye makaminka shi yana riƙe da nasa. Dokokin Najeriya ma sun bar wa ɗaya ɓangaren ƙofar ya shigar da tasa bayan ka janye har ya nemi ƙarin lokaci. Toh a rubuta cewa kowa zai janye tasa rana ɗaya kuma babu mai shigar da sabuwa.

Na ƙarshe a wannan matakin, takardar ta faɗi wa zai janye, yaushe, da abin da zai faru kafin nan. Zan dawo kansa.

Mataki na 3: wa ke da ikon sa hannu

In mutum ne shi da kansa, da shaidu. In kamfani ne kar ka wadatu da manajan da kuka saba waya da shi, ka nemi daraktocin da ke da ikon ɗaure kamfanin su sa hannu, in kuɗin da yawa ka nemi kwafin ƙudurin hukumar daraktoci da ya amince da sulhun. Abin da ya kayar da yayana kenan, mutumin da ya yi alkawarin ya tafi da alkawarinsa. In hukumar gwamnati ce a tabbatar wanda ya sa hannu yana da izinin yin hakan a rubuce. In ɗaya daga cikinku ya rasu ana cikin shari'a sai an fara maye gurbinsa a kotu da wanda ke kula da gadon, in kuma akwai yaro ko wanda ba ya cikin hayyacinsa a cikin masu ƙara toh irin wannan sulhun sai kotu ta duba ta amince. In ku da yawa kuka ɗaukaka ƙarar tare, janyewar ɗaya ba ta ɗaure saura.

Shi ma lauyanka ka ba shi umarnin janyewa a rubuce, ko da gajeriyar wasiƙa ce, kariya ce gare ka da shi. Kuma ku gama maganar kuɗin aikinsa kafin ranar, musamman in kun yi da shi cewa kaso zai ɗauka daga abin da aka samu, tunda adadin ya canja.

Mataki na 4: janyewa zalla ko hukuncin amincewar juna

Hanya biyu ce kuma bambancinsu babba ne.

Ta farko, ku riƙe yarjejeniyar a tsakaninku, a kai wa kotu takardar janyewa kawai. Tana da sauri, kuma tana rufa asiri tunda adadin kuɗin ba ya shiga fayil ɗin kotu inda kowa zai iya nema ya gani. Matsalarta ita ce yarjejeniyar sabuwar kwangila ce kawai, in aka saɓa sai ka sake shigar da sabuwar ƙara tun daga tushe, ka koma inda ka fito. Kotun Ƙolin Amurka ta faɗi wannan a shari'ar Kokkonen a 1994, tace kotun tarayya da ta rufe ƙara ba ta da hurumin tilasta sulhun da aka yi sai in umarnin rufewar ya shigar da sharuɗɗan a ciki ko kotun ta riƙe wa kanta wannan ikon.

Ta biyu, a shigar da sharuɗɗan sulhun a kotu, ɓangarorin biyu su roƙa a mayar da su hukuncin kotu. Daga nan ba alkawari ba ne kuma, hukunci ne, in aka saɓa kai tsaye za ka nemi a kama kadara ko a riƙe kuɗin da ke asusun banki ba sai an sake sauraron shaidu ba. In dai akwai abin da ya rage ba a cika ba ranar da za a rufe ƙarar, ko sisi ne, ni wannan hanyar nake ba da shawara, kuma ba na jin akwai gaggawar da ta isa ta sa a tsallake ta. Amma ka shiga da idonka biyu, domin hukuncin amincewar juna yana da wuyar warwarewa. A Najeriya sashe na 241 na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya ce hukuncin Babbar Kotu da aka yi da yardar ɓangarori ba a ɗaukaka ƙara a kansa sai da izinin kotu, kuma gaba ɗaya ba a rushe irinsa sai an nuna zamba ko yaudara ko kuskure na gaske. Da-na-sani kan cewa ka yi arha ba dalili ba ne. Ka karanta kowane layi, in da Turanci aka rubuta ka sa a fassara maka kalma-kalma kafin ka ɗora hannu.

Ingila suna da wata dabara a tsakiya da suke kira umarnin Tomlin, sunan alƙalin da ya tsara ta a 1927. Ana dakatar da shari'ar, a maƙala sharuɗɗan a wata takarda daban a bayan umarnin, a bar ƙofar komawa kotu don tilasta su kaɗai. In kana son sirri kuma kana son kariya ka tambayi lauyanka ko kotun da kuke gabanta tana karɓar wani abu mai kama da haka.

Wani abu kuma, wasu suna so a haɗa da soke hukuncin ƙasa gaba ɗaya saboda sunan kamfani, kar a riƙa cewa kotu ta taɓa samunsu da saɓa kwangila. Kar ka ɗauka wannan yana zuwa kai tsaye don kun yarda ku biyu. Kotun sama ba ta son cewa alƙalin ƙasa ya yi kuskure alhali ba ta saurari komai ba. A Amurka shari'ar Bonner Mall, ita ma a 1994, ta tsayar cewa sulhu shi kaɗai bai isa a goge hukunci ba sai da wani dalili na musamman, a Ingila ma sai an nuna wa kotu dalilai masu kyau kuma isassu. Abin da ya fi sauƙin samu shi ne a bar hukuncin a rubuta cewa an sauke shi.

Mataki na 5: me zai riga wani

Kai mai janyewa, in kai ake biya, kar takardar ta bar hannun lauyanka sai kuɗi sun zauna a asusu. Hoton rasit da aka turo ta WhatsApp ba biya ba ne, cekin da bai wuce ba ma ba biya ba ne, ka duba asusun da kanka. Shi kuma mai biya yana da nasa tsoron, kar ya biya a ƙi janyewa, kuma tsoronsa gaskiya ne. Maganinsa mai sauƙi ne, a sa hannu a takardar janyewa tun yanzu a ajiye ta wurin lauya da rubutaccen alkawarin ba za a shigar ba sai kuɗi sun shiga, ko a ajiye kuɗin a asusun lauya a sake su ranar da aka shigar da takardar. In biyan zai ɗauki watanni toh ko hukuncin amincewar juna, ko a roƙi kotu ta ɗage ƙarar har bayan ranar kashi na ƙarshe.

Mataki na 6: shigar da takardar

Da farko a gano inda fayil ɗin yake. Sanarwar ɗaukaka ƙara a rajistar kotun ƙasa ake shigar da ita, amma da zarar kundin ya isa sama an ba shi lamba toh komai ya koma hannun kotun sama, can za a kai duk wata takarda. A Amurka sun raba abin a fili, kafin a yi wa ƙarar rajista a sama kotun ƙasa ce ke rufe ta, bayan nan kotun sama.

A tsarin Najeriya mai ɗaukaka ƙara zai iya shigar da sanarwar cewa ba zai ci gaba ba a kowane lokaci kafin a kira ƙarar domin saurare, ya kuma kai wa kowane ɓangare kwafi. In kowa ya yarda, sai a shigar da takardar amincewa da sa hannun ɓangarorin ko lauyoyinsu, rajistara ya cire ƙarar daga jeri ba sai an zauna ba, amma a nan ana ɗaukarta tamkar an kore ta, kuɗin da mai ƙara ya ajiye a matsayin jinginar ɗawainiya kuma a mayar masa. In wani bai sa hannu ba ƙarar za ta zauna a jeri har kotu ta zauna ta yanke maganar kuɗin ɗawainiya da duk abin da ya rage. Tunda sulhu kuka yi babu dalilin da zai sa a bi ta biyun, a karɓi sa hannun kowa rana ɗaya da yarjejeniyar. In kuwa an riga an fara sauraro toh sai an roƙi izinin kotu.

Ƙananan abubuwa da ke ɓata takarda: lambar ƙara ba daidai ba, an bar sunan wani daga cikin waɗanda ake ƙara, ba a biya kuɗin shigarwa ba, ba a kai wa wani kwafi ba. Kuma lauya ne da sunansa zai sa hannu tare da hatiminsa na Ƙungiyar Lauyoyi, tun shari'ar Okafor da Nweke a 2007 Kotun Ƙolin Najeriya ta tsayar cewa takardar kotu da aka sa wa hannu da sunan ofishin lauyoyi kawai ba ta da inganci. Ka karɓi kwafinka mai hatimin rajista da rasit, ka ga ranar da idonka.

Mataki na 7: ranar zama

In hukuncin amincewar juna kuka zaɓa sai an tsaya gaban alƙalai, kuma zaman ba ya daɗewa. Lauyan mai ƙara zai tashi yace ya masu shari'a ɓangarorin sun sasanta, mun shigar da sharuɗɗan a rana kaza, muna roƙo a karɓe su a matsayin hukuncin wannan kotu. Ɗaya lauyan zai tashi yace haka ne. Ka daure ka je da kanka, domin kotu na iya tambaya ko kai ka sa hannu kuma da son ranka, kuma gara ka ji da kunnenka abin da aka rubuta. Ka saurara ko an ambaci kuɗin ɗawainiya, ko an ambaci ƙarar ɗaya ɓangaren, ko an ambaci kuɗin da ke ajiye a kotu, in an tsallake wani ka taɓa lauyanka nan take, gyara a wannan minti ya fi sauƙi nesa ba kusa ba a kan dawowa da sabon roƙo.

Mataki na 8: kwance abin da aka ɗaure

Mutane suna fita daga kotu su ɗauka an gama, alhali tsugune ba ta ƙare ba. Ka nemi kwafin umarnin wanda kotu ta tabbatar da hatiminta, ka yi kwafi da yawa, ka kai ɗaya rajistar kotun ƙasa a saka a fayil.

Sai ku bi duk abin da shari'ar ta ɗaure ɗaya bayan ɗaya. In lokacin neman dakatar da hukunci an sa an ajiye kuɗin a hannun babban rajistara a asusu mai kawo riba, ba za su fito ba sai da umarnin kotu da ya faɗi wa za a ba da yadda za a raba ribar, shi ya sa ya kamata tun a yarjejeniya a rubuta. In banki ne ya tsaya wa wani a mayar da takardar lamunin a soke ta, don bankin yana ci gaba da cajin mai ita. In an samu umarnin riƙe kuɗi a asusu, wanda lauyoyi ke kira ganishi, banki ba zai saki asusun don kun ce kun shirya ba, sai kotun da ta ba da umarnin ta ɗage shi an kai musu kwafi. Motoci ko injinan da ma'aikatan kotu suka kama, umarnin hana taɓa wata kadara, gargaɗin da aka saka a rajistar filaye, sauran roƙe-roƙen da ke rataye a kotun ƙasa, har ƙorafin da wani ya kai wa 'yan sanda ko wata hukuma kan wannan kwangilar, kowanne sai an bi shi da takarda, kuma a rubuta wa zai bi da cikin kwana nawa.

In aka saɓa bayan an rufe ƙarar

In hukuncin amincewar juna ke hannunka, lauyanka zai aika takardar tunatarwa yadda sharuɗɗan suka ce, wa'adi ya cika ya nemi zartarwa. In yarjejeniya ce kawai, sabuwar ƙara za ka shigar a kan ita yarjejeniyar, kuma kar ka zauna jiran alkawarin baki, domin ƙarar kwangila tana da wa'adi, a wurare da yawa shekara 6 wasu 5, daga ranar da aka saɓa ake fara ƙirga.

Kai kuma mai biya, duk kashin da ka tura ka ajiye shaidar banki ka sa a rubuto maka an karɓa. Ranar da ka biya na ƙarshe kar ka tashi sai da takarda mai sa hannun mai hukunci da lauyansa da ke cewa an biya duka, babu sauran haƙƙi a ƙara mai lamba kaza, a shigar da kwafinta a kotun da ta yi hukuncin farko, asalin kuma ka haɗa shi da kwangilar da umarnin kotun ka adana wuri ɗaya inda iyalinka suka sani.